Rumbun da Basiru Ya Ƙona

Rana ta yi ja ta sauka bayan ɗorayin gonakin Tudun Bawa, kaji sun fara komawa akurki, Inna Hure kuma tana gaban murhu tana tuƙa tuwon dawa. Bazara ce, irin wadda ƙasa ke riƙe zafi har bayan an idar da magariba. A tsakar gida ɗanta Basiru na zaune kan tabarma da kwamfuta a cinyarsa, ya toshe kunnuwa da iyafis yana kallon aikin da suka ɗauka. 'Yarsa Huseina tana wanke kwanuka a gindin randa. Yammaci ne kamar kowane yammaci, sai dai shirun ya ɗan yi yawa. Ko tsuntsayen da suka saba cika darbejiya da hayaniya ba a ji motsinsu.

Jifan farko a kan kwanon ɗakin Inna ya sauka. Ƙarar ta sa akuya ta zabura har ta tumɓuke turke.

"Kai, 'ya'yan wane ne ke jifa da almuru?" Inna ta ɗaga murya.

Ba wanda ya amsa. Na biyu ya faɗa tsakiyar tukunyar miya, ya fantsama mata kuka a zane. Na uku kuwa shi ne ya tsayar da numfashin kowa, domin a hankali ya taho, yana saukowa kamar gashin tsuntsu, har ya zauna a gefen tabarmar Basiru ba tare da ko ƙara ba. Basiru ya kai hannu, ya janye da sauri. Abin da zafi kamar yanzu aka tsamo shi daga wuta. Da ya haska da waya sai ya ga ba dutse ba ne. Ɓallin jar ƙasa ne da ya ƙone ya yi baƙi, har da sawun ramno, ciyawar da ake cuɗa ƙasar gini da ita, a jikinsa.

Ya san inda ya fito.

Basiru darakta ne. Ya yi shekaru a Kano yana shirya wa 'yan kasuwa finafinan waƙa da rawa, abin da suka ce shi yake yi, har kasuwar faifai ta mutu, aka shiga shekarun nan da kwanon masara ya gagari mai iyali, man fetur ya zama sai wane da wane. Abokan sana'arsa wasu sun koma tuƙa adaidaita, wasu sun koma gona. Shi sai ya ce in dai sana'ar za ta mutu a hannunsa, to bari ya yi fim ɗaya da zai kira nasa. Labarin mahaifiyarsa ya ɗauko. A shekarar fari, tana budurwa, gobara ta cinye rumbun mahaifinta da ɗan geron da ya rage musu. Ita da uwarta suka yi kwanaki suna tankaɗe toka, suna tsintar ƙonannen hatsi suna dama wa ƙannenta. Tun yana yaro yake jin labarin.

Ya bar matarsa tana jego a gidansu na Rijiyar Zaki, ya taho ƙauye da 'yan wasa kaɗan, da Tasi'u mai ɗaukar hoto, abokin aikinsa tun farkon fara sana'a. Huseina, wadda ta gama ƙaramar sakandare, ita ya ba wa matsayin kakarta, don fuskarsu ɗaya kamar an tsaga kara.

A bayan gidan Inna akwai kangon wani kawunsa da ya rasu da daɗewa, a cikinsa kuma akwai tsohon rumbu da ba wanda ya ƙara leƙawa. Shi Basiru ya zaɓa ya ƙona. Inna ba ta hana ba, abu ɗaya ta roƙa.

"Auta, in za ka ƙona, ka ƙona da hantsi. Kada ka kai almuru."

Amma hasken almuru yake so, lokacin da sama ke yin ja, wuta kuma ta fito da kyau a hoto. Ya bari ta shiga ɗaki yin alwala, ya ce a kunna. Wuta ta kama jinka ta tashi sama, Huseina ta tsaya a gabanta da ƙwarya a hannu, hawaye na zubo mata na gaske. Tasi'u bai ko ƙifta ido ba. Da aka gama, duk wanda ke wurin ya san an samu abin da ba a samu kullum.

Sai da suka zauna sauraro suka ji shi. A ƙarƙashin ƙarar kara da ke fashewa akwai kukan ƙaramar yarinya, siriri, yana tashi yana sauka, daga cikin rumbun. Babu yaro ko ɗaya a wurin ranar, sun kore su tun la'asar.

"Darakta, wannan ba namu ba ne," in ji Tasi'u. "Mu cire shi."

"Iska ce ta bi ta bakin rumbu," Basiru ya ce. "Ka ji yadda ya zauna? Ko da kuɗi ba za ka sa a yi maka irinsa ba."

Ya bar kukan a ciki. Kowane yammaci in sun tashi daga aiki, sai ya buɗe kwamfuta ya mayar da wurin baya, ya sake ji, ya sake ji, yana gyara.

Daga ranar jifan farko gidan bai ƙara ganin magariba lafiya ba. Da rana ta sunkuya sai ɓallin ƙasa ya fara sauka, wani a kan kwano, wani cikin randa, wani a kan buzun sallar Inna. Samarin unguwa suka kewaye gidan da sanduna, suka hau bishiyoyi, ba su ga kowa ba. Jifan ma ba daga waje yake zuwa ba, kamar daga saman tsakar gidan yake ɓullowa. Sannan warin ƙonannen kara ya zauna a ɗakuna, ya shiga tufafi, ya shiga ruwan sha. Wata rana ana cin tuwo aka ji mace tana rarrashi daga cikin kango, a hankali, irin rarrashin uwar da ta gaji. Maƙwabta suka daina aiko yara ɗibar wuta. 'Yan wasa suka fara zamewa ɗaya bayan ɗaya, kowa da uzurinsa, har aka bar Tasi'u shi kaɗai.

Basiru ya lura jifan na farawa ne in ya buɗe kwamfuta. Ya lura, ya kuma kawar da kai, ya ce wa zuciyarsa ai lokacin ne ya zo ɗaya.

Huseina ta fara rama. Ta daina hira, ta daina taɓa abinci. Sai a same ta zaune tana fuskantar kango, tana hura hannayenta a hankali kamar mai jin raɗaɗin ƙuna, alhali fatarta lafiya lau. In uwarta ta kira waya, Basiru kan fita zaure ya ce tana barci, ko ta raka Inna unguwa. Yana kashe wayar sai ya jingina da bango.

Ranar Lahadi, ranar kasuwar Ɗanbatta, gari ya yi tsit don maza duk sun tafi. Da azahar, rana tsaka, Inna ta kai wa Huseina kunu a ɗaki. Basiru na zaure ya ji ƙwarya ta fashe. Da ya shigo ya tarar da Inna manne da bango tana salati, Huseina kuma a tsaye tsakiyar ɗaki, kanta a sunkuye, kafaɗunta sun buɗe kamar na ƙato. Ta ɗago a hankali. Idanun nata ne, amma wanda ke kallo ta cikinsu ba ita ba ce.

"Kai ne mai wutar?"

Muryar namiji ce, tsoho, mai kauri, tana fitowa daga ƙirjin yarinyar da ko sha shida ba ta cika ba.

"Ka dube ta da kyau," in ji muryar. "Ba za ta ga ruwan farko ba."

Sai ta yanke jiki ta faɗi. Da ya tallafo ta, jikinta zafi kamar tukunyar da aka sauke.

Inna ce ta fara dawowa hayyacinta. Ta ce da Tasi'u ya hau babur ya nufi hanyar Shanono, ya tambayi gidan Malam Uwaisu mai ruƙiyya, kada ya dawo sai da shi. Basiru ya zauna riƙe da kan 'yarsa yana karanta duk abin da ya zo bakinsa, yana rikicewa yana komawa farko. Bai taɓa sanin rana na da tsawo haka ba. Inuwar katanga ta taso ta rufe rabin tsakar gida, shi kuwa yana kallonta yana jin kamar wuƙa ake matso masa da ita, domin ya san abin da almuru ke kawowa.

Bayan la'asar sakaliya babur ya tsaya a ƙofar gida. Malam Uwaisu dattijo ne siriri, mai furfura a gemu, ƙafafunsa da kaushin noma. Ya yi sallama a zaure, ya sake yi a tsakar gida, ya tsaya ya shaƙi iskar wurin, ya dubi wajen kango na ɗan lokaci. Bai tambayi komai ba tukuna. Ya nemi ruwa ya sabunta alwala, ya sa aka daka ganyen magarya aka zuba a ƙwarya, ya ce a lulluɓe yarinyar da mayafi a fito da ita kan tabarma, kakarta ta riƙe ta, ubanta ya zauna kusa.

Ya fara karatu da murya ƙasa-ƙasa, ba gaggawa. Fatiha, Ayatul Kursiyyu, ƙarshen Baƙara. Huseina na kwance kamar gawa. Da ya shiga Suratul Jinni sai yatsun ƙafarta suka fara karkarwa, karkarwar ta hau har gwiwa. Ɓallin ƙasa ya sauka a kan kwano, wani ya bi shi, wani ya bi, har gidan ya ɗauki ƙara kamar ana ƙanƙara. Malam bai ɗaga kai ba. Ya tofa a ruwan ya yayyafa mata a fuska. Ta ƙwalla ƙara, ta tashi zaune da ƙarfin da ya kusa wurgar da Inna.

"Ya isa! Ƙuna a kan ƙuna, Malam?"

Jifa ya tsaya cak.

"Wane ne kai?" in ji Malam.

"Khalilu."

"Musulmi ne kai?"

"Tun kafin a haifi kakanka nake sallah."

"To Khalilu, ka ji tsoron Allah. Me yarinyar nan ta yi maka?"

"Ita ba ta yi ba. Wancan ne." Hannun Huseina ya miƙe ya nuna Basiru. "Mun zauna a rumbun nan tun da mai shi ya mutu. Ba mu taɓa ko kazar gidan nan ba, tsohuwar nan shaida ce. Ya zo da almuru, lokacin da yaranmu ke shigowa, ba sallama, ba bismillah, ya sa wuta. Na fitar da biyu. Ƙaramar tana can ƙasa tana barci. Kafin in kai gare ta hannayenta sun tafi. Tana kwance, ba ta mutu ba, ba ta rayu ba. 'Ya a bakin 'ya, Malam. Ba haka shari'a ta ce ba?"

"Ba haka ta ce ba," in ji Malam. "Bai gan ku ba, bai san kuna ciki ba. Kun zauna a kayan mutane ba ku sanar ba. Wanda ya yi kuskure ba a yi masa hukuncin mai ganganci, balle a kama wadda ba ta kunna ko ashana ba. In kai mai sallah ne kamar yadda ka ce, ka san inda za ka tsaya gobe da alhakinta."

Ƙirjin Huseina na hawa yana sauka.

"To a yanka mini baƙin bunsuru a bakin kango, in tafi."

"Ba a yanka wa kowa sai Allah. Wannan ko kaza ba za ka samu ba."

"To a bar mini ita zuwa kaka."

"Ko zuwa magariba ba zan bar maka ba." Malam ya ɗauki ƙwaryar, ya buɗe baki zai ci gaba da karatu.

"Dakata." Muryar ta canza, kaurinta ya ragu, ta koma ta tsohon da abu ya ci ransa. "Ka ce bai sani ba. Ranar wuta bai sani ba, na yarda. To bayan nan fa? Tambaye shi abin da ya kama ya rufe a cikin akwatin nan nasa. Tambaye shi abin da yake kunnawa kullum da almuru. Shi a kunnensa yake ji, mu a cikin ƙasusuwanmu muke ji. Duk ranar Allah sai matata ta sake jin 'yarmu tana ƙonewa, ya mayar baya, ta sake ji. Abokinsa ya ce ya cire, ya ce ya yi daɗi. Mun yi jifa don ya bari, bai bari ba."

Malam ya juyo ya dubi Basiru. "Gaskiya ne?"

Basiru ya ji kamar an tuɓe shi a kasuwa. Ya dubi Tasi'u, Tasi'u ya sunkuyar da kai. Ya dubi Inna, ita kuwa kallon da ta yi masa ya fi duka ciwo.

"Gaskiya ne, Malam."

"To nan kana da haƙƙi, Khalilu," in ji Malam. "Me kake so?"

"Ya kashe wutar. Duk inda ya ajiye ta, hoto da murya. In ya yi, na rantse da wanda ya halicce ni daga wuta ya halicce shi daga ƙasa, zan kwashe iyalina mu bar garin nan."

Tasi'u ya ɗauko kwamfutar ya ajiye a gaban Basiru. Rana ta kusa taɓa ƙasa. Basiru ya buɗe. Wannan wurin shi ne zuciyar fim ɗin, babu wani rumbun da zai sake ƙonawa, babu halin sake tara mutane. Katin kyamara tuni an goge shi an ɗauki wani aiki a kai, don ba su da na biyu. Ya danna, ya goge, ya shiga kwandon shara ya sake gogewa. Ya juya fuskar kwamfutar ga Malam.

"Shi ke nan," ya ce.

Bakin Huseina ya buɗe da wata dariya marar daɗi.

"Da na aljihun gaban rigarka."

Sanyi ya ratsa Basiru tun daga ƙeya har tafin ƙafa. Filas ne ɗan ƙarami na adana hotuna daga kwamfuta, ko Tasi'u bai san ya kwafa a ciki ba. Kuma gaskiya ne, a daidai lokacin da yake gogewa, wani lungu na zuciyarsa yana lissafin cewa wannan zai tsira. Ya dubi 'yarsa, leɓɓanta sun bushe sun tsage, wuyanta ya zama kamar sillen kara. Kuka ya ƙwace masa, irin wanda bai yi ba tun rasuwar mahaifinsa. Ya tashi ya jawo turmin Inna, ya jefa filas ɗin ciki, ya ɗauki taɓarya. Ya daka har sai da Tasi'u ya riƙe masa hannu.

"Ya cika nasa," in ji Malam. "Saura kai. Ta ina ka shiga?"

"Ta ɗan yatsan ƙafar hagu."

"Ta nan za ka fita. Ba ta ido ba, ba ta kunne ba. Kuma Allah ne shaida tsakaninmu, in ka dawo ka ci amana."

"Ba zan dawo ba." Muryar ta yi nisa, kamar mai magana daga cikin rijiya. "Tsohuwa, mun gode da zaman maƙwabtaka. Assalamu alaikum."

"Wa alaikumus salam," Inna ta amsa.

Malam ya ci gaba da karatu. Ƙafar hagun Huseina ta miƙe ta sandare, ɗan yatsan ya yi ta kaɗawa, sannan ya saki. Ta yi atishawa mai ƙarfi, ta sake yi, ta koma jikin kakarta a sake, gumi na keto mata. A can masallacin unguwa ladan ya ɗaga murya. Aka yi magariba a gidan, ba abin da ya faɗo.

Sai da gari ya waye ta buɗe ido sosai, ta nemi kunu ta sha. Basiru na zaune a bakin ƙofa, ya kasa haɗa ido da ita.

"Abba," ta ce, "yarinyar ta warke?"

"Wace yarinya?"

"Wadda aka kwantar kusa da ni. 'Yar ƙarama ce, an naɗe mata hannaye da ganye. Ita ce ta riƙa ce wa babanta ya mayar da ni gida, wai ni ma Ummana tana jira."

Malam Uwaisu a zaure ya kwana, yana ɗaure buzunsa a bayan babur Basiru ya same shi ya gaya masa, ya tambaya ko akwai abin da mutum zai iya yi. Malam ya ce magani dai ba ya hannunmu, amma addu'a ba ta da shamaki, musulmi ɗan'uwan musulmi ne ko ana ganinsa ko ba a gani.

Ranar Basiru ya kira matarsa ya gaya mata komai. Ta yi kuka, ta yi faɗa, ta ce a dawo mata da 'yarta kafin azahar, aka kuwa mayar da ita. Warin hayaƙi ya bar ɗakuna a hankali, maƙwabta suka dawo shigowa. Da damina ta sauka, Inna ta sa aka share kangon aka shuka kuɓewa.

Fim ɗin sai da ya shekara kafin ya fito. Inda gobara za ta kasance, Basiru ya zaunar da Inna a kan kujerar tsakar gida da hantsi, ya sa kyamara a gabanta, ta ba da labarin da bakinta, tana yi tana tsayawa. Bai yi kasuwar da za ta sa shi gina gida ba, amma an nuna shi a wurare, an kuma kira shi wani aikin, sana'ar ba ta mutu a hannunsa ba. In 'yan jarida suka tambaye shi me ya sa bai nuna wutar ba, sai ya ce hoton ne ya lalace.

Ba su taɓa sanin ko 'yar Khalilu ta tashi ba. Amma har Inna Hure ta bar duniya, in ta idar da sallah ta jero 'ya'ya da jikoki da sunayensu, takan ƙara da cewa, "Allah ka ba 'yar maƙwabtanmu lafiya, ka mayar mata da hannayenta." Basiru in yana kusa yakan ajiye abin da yake yi, ya ɗaga hannu biyu, ya ce amin.